Rabin Taken Jatau

Na san abin da ake gaya muku in kun je hutu Jega. Ana ce muku kakanku ya bar duniya yana fushi da ni, wai ya hana ni gadon kalangu don na kwashe asirinsa na kai wa 'yan fim. Har na ji an ƙara gishiri, wai ya ce ko gawarsa kada in taɓa. Ƙarya ce, ni na yi masa wanka da hannuna. Amma ba zan ce babu komai ba. Akwai abin da ya faru, sai dai laifin da na yi ba shi ne wanda ake ɗora mini ba. Ba zan tsaya jera muku finafinan da na sa wa kiɗa a Kano ba, kun fi ni riƙe sunayensu. Labarin shekara ɗaya tak zan ba ku, wadda ta biyo bayan ba mu jihar Kebbi, lokacin da kowa a Jega yake ganin gobe-goben nan za a wayi gari mun zama birni.

Baba makaɗin mahauta ne, haka ubansa, haka kakansa. Ku da kuka tashi kuna sayen nama a leda ba za ku gane ba sai na warware muku. Duk mahaucin da ya isa mahauci yana da takensa, wato wani ɗan gajeren kiɗa da yake nasa shi kaɗai, kamar yadda sunansa yake nasa. Ranar Juma'a, ranar da kasuwar Jega take ci, Baba zai rataya kalangu tun da hantsi ya bi rumfunan mahauta. In ya kaɗa taken mutum, matar da ke ƙuryar gida can bayan masallaci ta san wane ya yi yanka, sai ta aiko a sayo mata tun bai ƙare ba. Kuma take ba abin wasa ba ne. In aka kaɗa naka dole ka amsa, ko abinci kake ci sai ka tsame hannu ka miƙe. Ba a kaɗa wa wani na wani, ba a kaɗa shi don nishaɗi, ba a kaɗa shi in mai shi ba ya wurin. Babu inda aka rubuta wannan, amma kowa a mayanka ya san shi.

Ni kuwa Allah ya yi ni da jarabar son sanin abin da ke cikin sauti. Tun ina ƙarami in na ga randa sai na ƙwanƙwasa ta, in kwashe ruwa in sake ƙwanƙwasawa, ina so in gane me ya sa muryarta ta canza. Na taɓa farke wani kalangun Baba don kawai in ga abin da ke kaɗawa a cikinsa. 'Yan tsakuwa ne guda uku, kuma na sha dukan da har yau in na tuna sai bayana ya yi mini ƙaiƙayi. Inna, kakarku, ba ta gajiya da yi mini tsiya.

"Umaru, kai dai kunnuwanka sun hi cikinka ci. Da tuwo kaka so hakanga, da yanzu ƙohwar ɗaki ta yi maka kaɗan."

To, akwai wani abu da ya fi komai tsaya mini a rai. In Baba yana zaune a zaure da safe yana canza tsarkiyar kalangu, wato igiyoyin fatar nan da ake matsewa a hammata, yakan manta da kansa ya riƙa wani kiɗa da hanci. Kiɗan zai taso a hankali, ya hau, ya ƙara hawa, sai ya tsaya cak kamar wanda aka kira daga waje. Na san duk taken mahautan Jega, har da na garin Kimba da suke zuwa cin kasuwa, amma ban taɓa jin an ɗora wannan a kan fata ba. Na tambaye shi ya fi sau goma.

"Baba, wanga taken wa na?"

"Wane?"

"Wanda kaka yi da hanci yanzu."

"Ni ban yi komi ba. Miƙo man wuƙar can."

Na koma wurin Inna. Ita da ba ta rasa bakin magana, sai ta kau da kai ta ci gaba da tankaɗe, ta ce in tambayi mai shi. Daga nan na bar tambaya, amma ban bar kiɗan ba. Na ajiye shi a kaina na girma da shi.

A shekarar da nake ba ku labari na riga na yi aure, babbar yayarku tana goye. Ina bin Baba kasuwa da ɗan ƙaramin kalangu ina yi masa amshi, amma gaskiya zuciyata ba ta wurin. Sai ga Malam Sani. Malamin makarantar sakandare ne, siriri, mai saurin magana, shi ke shugabantar wata ƙungiyar wasan kwaikwayo ta malamai da ma'aikatan ƙaramar hukuma. Ya ce tunda mun samu jiha, to mu ma sai mun yi fim ɗinmu na bidiyo, da bakinmu, ba sai mun jira mutanen Kano sun yi mana ba. Wani ɗan bautar ƙasa ya tafi ya bar musu fiyano, ƙarama, mai aiki da batir, babu wanda ya iya ta. Ya ce tunda ni ɗan makaɗi ne in zo in gwada. Ranar da na fara ɗora yatsa a kanta, wallahi na kasa rabuwa da ita. Ka danna nan ta yi sarewa, ka danna can ta yi ganga, duk a cikin abin da bai fi tsawon taɓarya ba. Na yi kwana uku ina neman inda aka ɓoye muryoyin, har na kwance bayanta da sukuddireba, Malam Sani ya kusa suma.

Abu ɗaya ne ya dame ni da ita. Kalangu yana magana ne don kana matse shi da hammata, murya ta zame daga ƙasa zuwa sama ba tare da ta yanke ba. Ita kuwa fiyano tsalle take yi daga wannan murya zuwa waccan, kamar mai hawa matakala. Na kusa cewa abar nan kurma ce in mayar musu da kayarsu. Sai wata rana da azahar gwiwar hannuna ta goge wata 'yar taya da ke gefen hagu, na ji muryar ta lanƙwashe. Kai! Na sake murzawa, ta sake lanƙwashewa. Ashe ita ce hammatar fiyano. A ranar na kaɗa taken Sarkin Fawa a kanta daga farko har ƙarshe, ni kaɗai a ɗakin malamai, ina dariya kamar wanda ya taɓu.

Yadda muke aiki a lokacin, in na gaya wa yaran situdiyo na yanzu sai su ce tatsuniya ce. An ɗauko mai kyamara daga Sakkwato ya ɗauki fim ɗin a kaset guda, ita ce uwar kaset, babu wata bayanta. Sai a sa ta a bidiyo, ni ina zaune gaban talabijin da fiyano a cinya, janareta na ruri a waje. In an zo wurin da babu magana, Malam Sani ya danna wani jan maɓalli, ni kuma in kaɗa ina kallon hoton. Duk abin da na kaɗa ya hau kenan, ya shafe abin da ke wurin a da. In na yi kuskure sai a mayar baya a sake. Mun yi sati biyar a haka. Akwai wani wuri kusa da ƙarshen fim ɗin, inda wani magidanci zai bar garinsu, ya tsaya a bakin gulbi ya waiwayo. Na gwada masa kiɗa iri-iri, duk ba su zauna ba. Sai yatsuna da kansu suka tafi kan kiɗan hancin Baba. Ya taso, ya hau, ya ƙara hawa, da na zo inda Baba ke tsayawa ban san abin da ke gaba ba, sai na yi masa jela ta kaina, na sauko da shi a hankali har ya kwanta. Da na ɗaga kai na ga Malam Sani ya cire tabarau yana goge ido.

"Umaru, ina kas samo wanga? Wanga shi na fim ɗin. Wanga shi za ya kai mu Kano."

Na ce daga kaina ya fito. Rabi gaskiya na faɗa, rabi ƙarya.

Aka sa ranar nuna wa mutanen gari kafin a kai uwar kaset Kano a buga da yawa. Ranar Juma'a ce bayan la'asar, a babban ɗakin taro na makaranta, an toshe tagogi da tabarmi don hoton ya fito. Ni da kaina na gayyato mahauta, don in nuna musu ɗan makaɗinsu ya zama wani abu. Suka zo kuwa, da ƙamshin kasuwa a jikinsu, Sarkin Fawa a gaba, Baba a gefensa. Fim ya tafi lafiya, ana dariya, ana nuna wane da wane a talabijin. Aka zo bakin gulbi. Kiɗan ya taso. Ina daga gefe ina satar kallon fuskar Baba, ina jiran in ga murmushi. Sai na ga wani tsohon mahauci ya miƙe tsaye, wani ma ya miƙe, suna dube-dube kamar masu neman wanda zai shigo ta ƙofa. Sarkin Fawa ya buga sandarsa a ƙasa.

"Ku kashe abin nan! Wa yak kira Jatau?"

Aka kashe. Sarkin Fawa bai ko dube ni ba, Baba ya juya ya kalla.

"Mamman, mun zaci amana anka ba ka. Ashe ajiyar kasuwa ta."

Ya fita, mahauta suka bi shi. Baba ya zauna a wurin shi kaɗai a kan benci, hannuwansa a kan gwiwa, har aka gama kwashe tabarmi.

Washegari da safe na tarar ya ɗaure kalangunsa a buhu ya rataye a can saman zaure, inda muke rataye irin masara. Inna tana tsakar gida tana faɗa da kaji, da tukunya, da duk abin da ya gifta, ni kaɗai ta ƙi yi wa magana. Na durƙusa gaban Baba na ce ya gaya mini ko wane ne Jatau, don ko yanka ni za a yi in san abin da na yi. Bai ɗaga murya ba, da ma ya ɗaga da ya fi mini sauƙi. Ya ce Jatau amininsa ne, tare aka yi musu kaciya, kuma a zamaninsa babu mahaucin da ya kai shi hawan ƙaho, wato wasan nan da mahauci ke tarar sa mai faɗa ya faɗa tsakanin ƙahoninsa ya rungume. Shi Baba shi ya ƙago masa taken. Wata shekara ana jajibirin salla, ina ɗan shekara huɗu, aka kawo wani baƙin sa da ya gagari samari. Jatau ya riga ya fara manyanta, ga zazzaɓi yana fama da shi, ya ce yau ba zai shiga ba. Jama'a suka dami Baba da ya kaɗa, ya kaɗa, shi kuma jininsa yana tafasa, ya ɗora makaɗi, wato sandar kiɗa, a fata.

"Na san in nik kai ƙarshe ba ya iya zama. Na sani, Umaru. Kuma nik kai."

San ya soke Jatau a ciki. Ya kwana biyu yana jinya. Kafin ya cika ya kira Baba gaban matarsa da Sarkin Fawa, ya ce bai riƙe shi da komai ba, amma ya ajiye taken nan, kada kunne ya sake jin sa sai ranar da wani daga jininsa ya ɗauki wuƙar fawa, sannan a kaɗa masa. Baba ya yi alkawari. Shekara ashirin da wani abu yana riƙe da shi, har sai da na sa shi a talabijin gaban duk garin.

Na ce ai ba shi ya ba ni ba, ni na sata, zan je in faɗa wa Sarkin Fawa haka.

"Daga hancin wa kas sata?"

Juma'a ta zagayo, Baba bai fita ba. Mahauta suka ɗauko wani makaɗi daga Fagada. Muna zaune a gida muna jin kiɗansa daga nesa, yana kaɗa taken mutane a karkace. Duk lokacin da ya yi kuskure sai in ga yatsun Baba sun motsa a kan tabarma suna gyara masa. Abin nan ya ci mini rai fiye da zagi. Mutumin da tun kafin a haife ni bai taɓa fashin kasuwa ba, ga shi zaune da rana tsaka yana korar ƙuda, kuma ni na zaunar da shi.

Na ce bari in nemi jinin Jatau. Ɗansa ɗaya namiji, Shehu, direban babbar mota ne a Aliero, yana ɗaukar albasa zuwa kudu. Na same shi a inda ake lodi, ana ta jera buhuna, warin albasa har cikin ido. Mutum ne ƙato, mai fara'a. Na zayyana masa komai, har da wautar da na zo da ita, wai ko zai ɗauki wuƙa ko da na yini ɗaya ne don alkawari ya cika. Ya yi dariya har da riƙe ciki, sannan dariyar ta ɗauke.

"Ni nig ga hanjin ubana bisa tabarma, ɗan'uwa. Ko kaza ba ni yankawa, matata ka kai ma maƙwabta. In don ta ni ta, ku kaɗa shi har Ikko. Amma ba nawa na ba balle in ba ka. Tahi Maiyama wurin tsohuwa."

Na tafi Maiyama da fiyano a naɗe cikin zane. Gwaggo Hajo, matar Jatau, ta koma gidan ƙaninta tun bayan takaba. Na tarar da ita a inuwar rumbu tana ɓarar gyaɗa, 'yar tsohuwa mai kaifin ido. Labari ya riga ni zuwa. Na gaishe ta, ta amsa a taƙaice, ta nuna ƙunshin da haɓa.

"Shi na akwatin da yak kira mijina? Buɗe in gani. Kaɗa man abin da kak kaɗa."

Na ce ina jin tsoro. Ta ce ai tsoron ya zo a makare. Na sa batir, na kaɗa. Tun daga farkon ta daina ɓarar gyaɗar. Da ya hau, ta rufe ido. Da na shiga jelar da na ƙara, sai ta buɗe ido ta yamutsa fuska kamar wadda ta tauna tsakuwa a tuwo.

"Tsaya, tsaya. Mi na na wanga kuma? Wa yak koya maka wanga kukan?"

Na ce ni na ƙara, don nan Baba yake tsayawa kullum in yana yin sa da hanci.

"Nan yaka tsayawa? Kullum?"

Na ce ko sau ɗaya bai taɓa wucewa ba. Ta share ido da bakin zane.

"Allah sarki Mamman. Yaro, abin da kak kaɗa sallama ta kawai. Nan Jatau ka miƙewa ya tuɓe riga. Kiran na gaba, kuma ba sauka yakai ba, hawa yakai. Mijina ba mai kuka na ba. Ubanka ko cikin hancinai bai kira shi ba."

Kun san halina. A wannan halin ma, da kunyata da komai, bakina sai da ya ce, "Gwaggo, to yaya ƙarshen yake?" Ta ɗauki ɓawon gyaɗa ta jefe ni da shi, ta ce in tashi in ba ta wuri, marar kunya irin ubansa.

Amma ta aika. Bayan kwana biyu ƙaninta ya zo Jega da goro, ya gaya wa Sarkin Fawa cewa Hajo ta ji da kunnenta, kira bai cika ba, Mamman bai ci amana ba. Sarkin Fawa ya sa aka kira ni. Ya ce ya ji, ya kuma yarda, amma ko sallamar ma ta Jatau ce. In kaset ɗin nan ya fita Jega, za a riƙa tayar da mamaci a kowane shagon shayi daga nan har Kano, ana tuɓe masa riga ba a sallame shi ba. Muddin kiɗan na cikin fim, kalangun Mamman ba zai shiga rumfarsu ba.

Na je wa Malam Sani da maganar, ya ce atafau. Ya ce shi bai ga abin da ya haɗa fim da camfin mahauta ba, kuma ya riga ya kunna wa wani mai buga kaset daga Kano wurin, mutumin ya ce saboda kiɗan nan kaɗai zai karɓi fim ɗin, har yana tambayar wanda ya kaɗa. Ku ji fa, ni ake tambaya a Kano. Na yi kwana uku ina jujjuya abin. Ba zan yi muku ƙarya ba, na so tafiya, na so ƙwarai. Ranar Laraba, ana gobe za a tafi da uwar kaset, na je na ce wa Malam Sani na gano wani ɗan kuskure a wurin gulbi, yatsana ya zame, in masana suka ji za su yi mana dariya, ya bari in gyara. Ya yarda da ni. Ya tayar da janareta, ya mayar da kaset baya, ya danna jan maɓallin da hannunsa. Ni kuwa na kaɗa wata sarewa mai sanyi wadda ba ta kowa ba, ba ta kuma cewa komai. Kafin ya gane abin da nake yi ya kai hannu, an wuce rabi. Ya mayar baya ya saurara, ya sake saurara. Bai zage ni ba. Ya zare fiyanon daga cinyata ya ce in fita. Mai buga kaset ya fasa, fim ɗin bai wuce Birnin Kebbi ba, ƙungiyar ta watse kafin damina. Malam Sani bai sake amsa gaisuwata ba har ya bar duniya, kuma yana da gaskiya, don yaudararsa na yi, kuma ba guminsa kaɗai na zubar ba. Ni ma sai bayan shekara shida na samu hanyar Kano, a matsayin mai ɗaukar wa wani kaya.

Juma'ar da ta biyo bayan shafe kiɗan, Baba ya sa aka sauko da buhun. Inna ta yi kamar ba ta gani ba, amma furar da ta dama ranar ta sha nono fiye da ta salla. Na bi shi kasuwa da ƙaramin kalanguna. Da ya ɗora makaɗi ya kaɗa taken Sarkin Fawa, tsohon ya miƙe ya ɗaga wuƙa sama, mahauta suka ɗauki ihu. Na yi farin cikin da ban taɓa yin irinsa ba, ko ranar da aka fara rubuta sunana a fim.

To, ga inda nake so ku buɗe kunne, don nan ne laifin yake. Da muka dawo da yamma, Baba ya zauna a zaure ya ce in matso. Ya kamo hannuna ya shimfiɗa tafin a kan gwiwarsa. Ya ce ya ga abin da na yi, ya kuma san abin da na bari. Ya ce shi ya tsufa, Sarkin Fawa ya tsufa, Hajo ta tsufa, kuma su mahauta jin take suka iya, ba riƙe shi ba. Amana tana son wanda zai ɗauka. Ba zai yi da baki ba, ba zai yi da fata ba, zai ƙwanƙwasa mini ƙarshen a tafin hannu da yatsa, inda babu kunnen da zai ji, in ajiye har ranar da za a nema.

Abin da na shekara ashirin ina so in sani ke nan. Yatsansa har ya sauka a tafina sau ɗaya. Sai na janye hannuna.

"Baba, ka san ni. Abin da yas shiga kaina sai ya hita ta yatsuna. Yau na shahe, gobe ban san mi zan yi ba in anka matsa man a Kano. Bar shi wurinka."

Ya mayar da hannunsa kan gwiwa.

"Kai ɗai nika da, Umaru."

Na ce Shehu ko kaza ba ya yankawa, babu mai zuwa nema. Na ce in na ƙara hankali zan zo in karɓa. Na tashi ina jin kaina wani waliyyi, wai na fi ƙarfin zuciyata. Bai sake tayar da maganar ba, ni ma ban sake ba. Na tafi Kano, aiki ya yi yawa, yau wannan fim gobe wancan. Gwaggo Hajo ta rasu, Sarkin Fawa ya rasu. Da aka aiko Baba ba shi da lafiya na taho a ranar, amma na tarar bakinsa da hannunsa na dama sun riga sun mutu. Na shimfiɗa tafina a ƙarƙashin yatsunsa na hagu, na roƙe shi. Ya dube ni, ya gane abin da nake nufi, yatsun suka ɗan motsa, amma ba su iya ba.

Shekara uku da suka wuce, kuna makaranta, wani mutum ya yi sallama a situdiyona a Kano. Magidanci ne, zai yi shekara talatin da 'yan kai, da faɗin kafaɗa, hannuwansa duk tabon wuƙa. Ya ce sunansa Abdu, ɗan Shehu direba na Aliero. Ya ce babu wanda ya sa shi, shi dai tun yana yaro mayanka ke jan sa, yanzu yana da rumfarsa a kasuwar Jega. Kafin ubansa ya rasu ya gaya masa akwai ajiyar kakansa a gidanmu.

"Baba, cewa anka yi in na ɗauki wuƙa in zo in amsa. To, na ɗauka."

Na sallami yaran situdiyo. Na je gida na ɗauko kalangun kakanku, wanda kuke gani rataye a ɗakina kuna tambaya me ya sa ba na taɓa shi. Na ɗaura masa sabuwar tsarkiya, na rataya, na kaɗa. Ya taso, ya hau, ya ƙara hawa. Mutumin nan bai taɓa jin kiɗan ba a rayuwarsa, amma wallahi ina kallo ya miƙe tsaye, hannunsa ya kai wuyan rigarsa. Na zo inda Baba ke tsayawa, na tsaya.

Ya jira. Ya ƙara jira, hannunsa yana nan a wuyan riga.

"Sai mi, Baba?"

Na ce masa iyakar abin da na karɓa ke nan.